Shaidar Fasassun Tukwanen Ingila

Duk wanda ya taɓa ratsa kufai, watau wurin da aka yi gari a dā mutane suka tashi, ya san abin da ido ya kan fara faɗawa a kai. Tufafin mutanen gara ta cinye, akussansu da ƙorensu sun ruɓe, ƙarfensu kuwa tsatsa ta gama da shi. Abin da ya kan rage warwatse bisa ƙasa shi ne tsingaro, watau gutsattsarin fasassun tukwane. Dalili kuwa shi ne, yumɓu in ya sha wuta ya toyu, ba ya komawa ƙasa kamar sauran kaya. Tukunya ta kan fashe cikin shekara ɗaya ko biyu, amma tsingaronta ya kan yi shekara dubu biyu yana kwance, ba abin da ya same shi.

Saboda haka ne masu ilmin tonon kufai suka ɗauki tsingaro da muhimmanci ƙwarai. Cikin shekara ta 1890 wani Baturen Ingila mai suna Flinders Petrie ya tona wani tudu a ƙasar Falasɗinu, a na ce da shi Tell el-Hesi. Ya tarar tudun nan garuruwa ne aka gina wani bisa wani, hawa hawa, kowane hawa kuwa da irin tukwanensa. Na ƙasa su ne tsofaffi, na sama su ne na baya-baya. Tun daga nan masana suka gane cewa yadda a ke sanin zamanin riga ta wajen ɗinkinta, haka a ke sanin zamanin gari ta wajen tukwanensa. Daga baya suka ga tsingaro yana faɗin abin da ya fi wannan. Yana nuna ko mutanen suna cikin wadata, ko hanyoyinsu na biyuwa, ko kasuwanninsu na ci, yana kuma nuna lokacin da masifa ta auka musu, ko da ba wanda ya rubuta labarinta.

Misalin da za mu duba a nan na ƙasar Ingila ne. Mu dai mun tashi mun ji Ingila ƙasar ma'aikatu ce, inda a ke saƙa yadi da gina farantan tangaran a kai ko'ina cikin duniya. To, mai karatu zai yi mamaki in ya ji an yi zamani, wajen shekara 300, da a ƙasar nan ba a samun maginin da ya iya gina tukunya bisa keke, alhali kuwa kafin wannan zamani talakan ƙauye ma da irinta ya ke dafa abinci. Littattafai ba su faɗi yadda aka yi haka ba. Tsingaro ne ya faɗa.

A cikin shekara ta 43 bayan haihuwar Annabi Isa, Kaisar Kalaudiyas, Sarkin Rum, ya aika da rundunarsa ta ƙetare teku ta ci tsibirin nan, wanda Rumawa ke kira Biritaniya, gama a lokacin ba a fara ce da shi Ingila ba tukuna. Rumawa suka zauna fiye da shekara 360. In mun tuna daga cin Kano da Sakkwato a 1903 zuwa samun mulkin kai a 1960 shekara 57 ne kaɗai, za mu gane irin daɗewar da suka yi. Suka gina birane, cikinsu har da Landan, suka shimfiɗa hanyoyi na dutse, suka zuba soja masu yawa. A shekara ta 122 Kaisar Hadiriyan ya sa aka fara gina ganuwa a arewacin ƙasar, daga teku zuwa teku, tsawonta mil 73, aka jera barikoki a jikinta.

Sai a lura da yadda kuɗi ke zagawa a wannan mulki, domin shi ne kan zancen. Hukuma ta kan buga kuɗi ta biya soja da ma'aikata. Su kuma su shiga kasuwa su sayi hatsi da nama da fata da tukwane. Manomi da mai sana'a su karɓi kuɗin, su biya haraji da wani kashi, su yi sayayya da sauran. Haraji ya koma baitulmali, a sake biyan soja. Tun da ya ke dole kowa ya nemi abin biyan haraji, dole kowa ya kai wani abu kasuwa. Ta haka kasuwa ta kai har ƙauyukan da ke lungu.

Da farko tukwane masu kyau daga Faransa a ke kawo su, ƙasar da Rumawa ke kira Gal. Akwai wasu irin kwanonin yumɓu jajaye masu sheƙi, waɗanda magina su kan buga wa hatimin sunansu a gindi. A wani wuri mai suna La Graufesenque, a kudancin Faransa, an tono fasassun faranta waɗanda maginan suka yi lissafi a jikinsu, suna rubuta sunan kowane magini da yawan kayan da ya zuba cikin tanderu. Lissafin ya nuna a kan toya kwanoni fiye da 20,000 a wuta ɗaya. Wanda ya gina kwanoni masu yawa haka lalle ya tabbata akwai jirgin da zai ɗauka, da hanyar da za a bi, da mai saye a can inda za a sauke.

A Biritaniya kanta ma sana'ar ta kafu. Magina suka koyi aiki da keke, watau wani faifai na katako ko na dutse da a ke juyawa da sauri, a ɗora curin yumɓu a tsakiyarsa, magini ya sa hannu ya ɗaga shi ya zama tulu ko kasko nan da nan. Suka koyi gina tanderu mai ɗaki biyu, wuta a ƙasa, tukwane a sama bisa daɓe mai huji, har zafi ya game su daidai, su fito da ƙarfi, in an ƙwanƙwasa su yi ƙara. Tukunyar keke ba ta ɓoyuwa ga masani, domin yatsun magini su kan bar siraran layuka kewaye da cikinta. Aka yi manyan unguwannin magina kusa da Oxford, da kwarin kogin Nene, da wasu wurare. Suna gina tukwanen dahuwa, da tuluna, da kofuna, da wani irin kasko mai kauri wanda a kan dasa wa tsakuwa a ciki don niƙa kayan miya.

A gaɓar teku ta kudu, cikin yankin Dorset, akwai wasu magina masu gina baƙaƙen tukwanen dahuwa, su goge su su yi sulɓi. Masana sun yanki ɗan siriri daga tsingaronsu, sun duba da madubi mai ƙara girman abu, sun gane irin yashin da ke cikin yumɓun, sun bi shi har inda aka haƙo shi. Da haka aka tabbata tukwanen da sojan ganuwar Hadiriyan ke dahuwa da su, da yawansu daga Dorset suka fito, nisan kimanin mil 300. Ba a barikin soja da gidajen attajirai kaɗai a ke samun irin kayan nan ba. In an tona kufan gidan ƙaramin manomi na wannan zamani, a kan sami tsingaro kwando kwando, daga wurare dabam dabam.

Wajen shekara ta 250 daular Rum ta shiga rikici, jajayen kwanonin Faransa suka daina zuwa. Amma wannan bai kashe sana'ar ba. Maginan Oxford suka shiga gina nasu jajayen kwanoni, suka cika kasuwannin kudu da su. Abin lura ke nan: mai kawo kaya ya tafi, wani ya maye gurbinsa, domin masu saye suna nan, kuɗi kuma na hannunsu.

Rikicin da ya zo daga baya ya sha bamban. A shekara ta 367 mahara suka afka wa ƙasar ta fuskoki da yawa, sai da aka aiko da runduna daga ƙetare aka maido da doka. Ba da daɗewa ba baƙaƙen tukwanen Dorset suka daina kaiwa ganuwar arewa, soja suka koma sayen na maginan da ke kusa da su. A 383 wani sarkin yaƙi mai suna Magnus Maximus ya kwashi soja ya ƙetare da su neman sarautar Rum. Bayan shekara ta 402 sababbin kwabban tagulla, waɗanda su ne kuɗin cefane, suka daina shigowa da yawa. A 407 wani sarkin yaƙin kuma, Constantine, ya sake kwasar soja ya ƙetare. Wani marubucin tarihi na Rum ta gabas, Zosimus, ya ce mutanen tsibirin suka kori hakiman Rum, ya kuma ce Kaisar Honoriyas ya rubuta wa biranensu takarda cewa su tsare kansu da kansu. A shekara ta 410 ɗin da a ke ƙidaya ƙarshen mulkin Rum a Biritaniya, a cikinta ne aka shiga birnin Rum kansa aka washe shi.

Akwai shaidar tsoron da masu dukiya suka ji. A 1992, a wani ƙauye mai suna Hoxne a gabashin Ingila, ana neman guduma da ta ɓace a gona, sai aka tono dukiyar da aka binne cikin akwati: tsabar kuɗi kusan 15,000, yawancinsu na azurfa, da cokula na azurfa, da sarƙoƙin zinariya. Mafi sabunta cikin kuɗin an buga su wajen 407 zuwa 408. Yawancin sulallan an yayyanke gefensu, alamar sababbi sun daina zuwa, mutane na rage azurfar tsofaffin. Wanda ya binne dukiyar nan bai komo ya ɗauka ba.

To, sai mu duba hawan ƙasa da ya biyo bayan wannan. A nan ne masu tono su kan ga abin da ke tsorata su. Tsingaron da ke kwando kwando a hawan ƙasa, a wannan hawa sai ya zama ɗai ɗai. Tanderun Oxford da na Nene duk an bar su. Siraran layukan keke sun ɓace. Kaskon niƙa ya ɓace, tulu mai siririn wuya ya ɓace. A yawancin yammacin ƙasar, har da Wales, a kan tona mazaunin mutane na wannan zamani a rasa tukunyar gida ko ɗaya. Mutane sun koma ga akushi da salka da kwando. Gini da dutse da farar ƙasa ya tsaya, jan bulo na rufi ya tsaya. Landan kanta, cikin ganuwarta, ta zama kusan kufai.

Me ya kawo haka? Ba yumɓu ne ya ƙare ba, gama yana nan har gobe. Sai mu tuna abin da babban magini ke bukata. Yana bukatar masu haƙo yumɓu, da masu saro itace, da masu hura wuta, da fatake masu ɗaukar kaya. Dukansu ba su da lokacin noma sosai, da kuɗin tukwane su ke sayen abinci. Kayansu kuwa masu araha ne, masu nauyi, masu saurin fashewa, ba a cin ribarsu sai an sayar da yawa. Da albashin soja ya tsaya, babban mai saye ya tafi. Da haraji na kuɗi ya tsaya, manomi ba shi da abin da zai tilasta shi zuwa kasuwa. Da kwabo ya ɓace, ƙaramin ciniki ya yi wuya. Da hanya ta zama ta 'yan fashi, falke ba zai sa ransa cikin hatsari saboda jakin tukwane ba. Magini ya duba ya ga in ya hura tanderu ba mai saye, 'ya'yansa kuwa na jin yunwa, sai ya ɗauki fartanya.

Sana'ar hannu kuwa a hannu ta ke zaune. Ba a rubuta yadda a ke tsai da yumɓu a tsakiyar keke ba, ko yadda a ke gane zafin tanderu ta launin wuta. Yaro ya kan koya ne yana zaune kusa da ubangidansa shekara da shekaru. In magini ya yi shekara ashirin bai taɓa keke ba, bai koya wa ɗansa ba, ran da ya mutu an binne shi da sana'arsa. Jikansa zai tsinci tsingaro a gona, ya juya shi, ya rasa yadda aka yi shi.

A wani tudu mai suna Cadbury Congresbury, a yankin Somerset, mutane sun koma sun zauna cikin tsohuwar ganuwar kakanninsu a ƙarni na 5. An tarar suna amfani da tukwanen zamanin Rum waɗanda tun a lokacin sun tsufa ƙwarai. Wata malamar tarihi ta Amurka, Robin Fleming, ta kawo hujja cewa daga tsofaffin maƙabartu suka tono su, domin a kabari ne kaɗai tukunya za ta daɗe haka ba ta fashe ba. Mai karatu ya auna da kansa irin matsin da zai sa mutum ya tona kabari neman abin dafa abinci.

A gabashin ƙasar kuwa wasu irin tukwane dabam suka bayyana, ginin hannu, toyin fili, masu dabbare-dabbaren wuta. Na baƙi ne da suka ƙetaro daga arewacin Jamus da Danmak, watau Angles da Saxons, waɗanda daga sunan na farkonsu aka sami sunan Ingila. Al'adar da yawansu ita ce su ƙone gawa su zuba tokar cikin tukunya su binne. A wata maƙabarta mai suna Spong Hill, a Norfolk, an tono irin wannan binnewa fiye da 2,000. Tukwanen suna da ado na zane da na hatimi, fasalinsu kuma ya yi daidai da na ƙasar da mutanen suka fito.

A nan sai mu yi hattara, kada mu ce ginin hannu shi ne alamar faɗuwa. Baƙaƙen tukwanen Dorset da suka kai ganuwar Hadiriyan da hannu aka gina su, ba da keke ba. A ƙasarmu ma da hannu a ke gina randa da tulu tun kaka da kakanni, su kan yi kyau su yi ƙarko, su sanyaya ruwa. Lokacin da Michael Cardew ya buɗe makarantar ginin tukwane a Abuja ta dā, wadda yanzu a ke kira Suleja, a farkon shekarun 1950, ya kawo keke da tanderu, amma abin da ya fi ɗaukaka sunan wurin shi ne manyan tukwanen da Ladi Kwali ke ginawa da hannu bisa al'adar Gwari. Ta shiga makarantar a 1954, aka nuna aikinta a Landan, ga hotonta kuma a jikin takardar naira 20. Saboda haka abin da masani ke nema cikin tsingaro shi ne sauyi. Ya kan tambaya: abin da mutanen nan ke da shi jiya, yau yana nan? Iri nawa ne a dā, iri nawa ya rage? Daga nisan mil nawa kaya ke zuwa, yanzu daga nawa? A gidan wa a ke samunsa, a gidan wa aka daina? A Biritaniya amsar duka huɗun ta nuna raguwa, cikin tsawon ran mutum ɗaya ko biyu.

Tambayar ƙarshen nan ita ce mai zafi. Manya ba su rasa kayan marmari ba. A Tintagel, wani tsauni a gaɓar teku can kudu maso yamma, an sami fasassun tuluna na mai da giya daga gabashin Bahar Rum, da faranta masu kyau daga ƙasar da yanzu ke Tunisiya da yammacin Turkiyya, na ƙarni na 5 da na 6. Ana zaton da kuza a ke musayarsu, gama yankin na da ita. A Sutton Hoo kuma, a 1939, an tono kabarin wani basarake da aka binne cikin jirgin ruwa wajen shekara ta 625, watau jim kaɗan bayan Hijira. Akwai zinariya ta ban mamaki, da kwalkwali, da babban faranti na azurfa daga Rum ta gabas. Amma kayan yumɓu guda ɗaya tak aka samu, wata 'yar buta marar kyan gani, wadda a zamanin Rum ba wanda zai kula da ita. Sarki na iya aikawa a kawo masa azurfa daga bangon duniya. Tukunya mai kyau mai araha kuwa, wadda matar talaka za ta saya da kwabo, ba ta samuwa sai ƙasa duka tana zaune lafiya.

Masana ba su haɗu a baki ɗaya ba game da nauyin wannan masifa. Bryan Ward-Perkins na Oxford, cikin littafin da ya fitar a 2005, ya tsaya a kan cewa faɗuwa ce ta gaske, wadda ta taɓa cin kowa da shansa. Waɗansu suka ce a yi sassauci. Hujjarsu ta fari ita ce da kuɗin da a ke samu tare da tukwane a ke sanin shekarunsu, to da kuɗi suka daina zuwa sai ma'aunin ya ɓace, mai yiwuwa ne waɗansu magina sun ci gaba da aiki shekaru bayan 410. Ta biyu, manomin da ya rasa jan kwano ya kuma huta da mai karɓar haraji da ciyad da soja, watakila abin da ya ke ci bai ragu ba. Duka hujjojin nan suna da ƙarfi. Amma ba wanda ya musa cewa kafin shekara ta 500 manyan tanderun nan duk sun mutu.

Dawowar abin ta ɗauki lokaci mai tsawo. Bede, malamin Ingila da ya gama littafin tarihinsa a 731, ya ba da labarin wani shugaban masu ibada, Benedict Biscop, wanda ya kafa gidan ibada a Wearmouth a 674. Da ya so gina majami'a ta dutse, sai da ya ƙetare zuwa Faransa ya ɗauko magina, ya kuma aika a kawo masa masu yin gilashi. Wajen shekara ta 720 aka fara gina tukwane da yawa a garin Ipswich, bisa faifai mai juyawa a hankali, ana toya su cikin tanderu, ana kai su nesa. Wannan ya zo daidai da lokacin da sulallan azurfa suka yawaita kuma, aka buɗe kasuwanni a bakin teku. Keke mai sauri bai bazu ba sai cikin ƙarni na 9. Yadda kuɗi da kasuwa suka tafi da sana'ar, haka su ne suka komo da ita.

Hausawa sun ce duniya rawar 'yan mata ce, na gaba ya koma baya. Mutanen Biritaniya na shekara ta 350 ba su taɓa zaton jikokinsu za su rasa tukunyar kirki ba, gama tun da suka buɗe ido suna ganinta a kasuwa. Abin da ke riƙe da ita kuwa, watau hanya mai aminci, da kuɗin da kowa ya yarda da shi, da yaro zaune gaban ubangidansa yana koyo, ba su lura da shi ba sai da ya kuɓuce. Mai karatu in ya sake ratsa kufai ya ga tsingaro, ya daure ya bar shi inda ya ke, in kuwa ya ga mai ado ko mai yawa ya sanar da ma'aikatan gidan adana kayan tarihi, domin su ne za su iya karanta shi. Allah ya zaunar da ƙasarmu lafiya, ya sa albarka cikin sana'o'inmu, amin.